Igwa a sararin sama: jirgi na harbi, igwa na shurin jirgi

In ka taɓa tsayawa kusa da maharbi lokacin da ya saki bindigar gargajiya, ka ga yadda take dukansa a kafaɗa. To ɗauki wannan dukan ka ninka shi, ka ɗora wa jirgin da ke shawagi a sama, babu ƙasar da zai tokara. Matsalar da injiniyoyi suka fi shekara ɗari suna fama da ita ke nan.

Faransawa sun gwada tun 1917. Matuƙinsu Georges Guynemer ya matsa aka ƙera jirgin SPAD XII mai igwar milimita 37, wadda ke harbi ta tsakiyar farfela. Harsashi ɗaya take ɗauka. Ka harba, hayaƙi ya turnuƙe ka, ka sake ɗura wani da hannu, kana kuma tuƙi. Kai ka ji aiki!

Yaƙin Duniya na Biyu ya zo da tankoki da jiragen ruwa waɗanda ƙananan harsasai ba sa huda su, sai kowa ya shiga gasar girma. Amurka ta cusa igwar milimita 75 a hancin B-25, mutum guda yana ɗura mata harsashi da hannu. Jamus ta rataya mai irin wannan girman a ƙarƙashin Hs 129, nauyi ya sa jirgin da ƙyar yake juyawa. Ingila kuwa ta sa wa Mosquito mai milimita 57 don farautar jiragen ƙarƙashin ruwa, aka yi masa laƙabi da Tsetse, wato tsandon nan da ke addabar shanunmu. Da roka ta kankama, mai tashi ba tare da shurin jirgi ba, sai kasuwar yawancinsu ta mutu.

Wanda ya rage shi ne AC-130 na Amurka, da aka ɗora wa igwar milimita 105 a 1972, lokacin yaƙin Biyetnam. Kewaya wuri yake yi a hankali yana harbi ta gefen hagu, shi ya sa ya fi son dare. A Janairun 1991 gari ya waye wa ɗaya a kusa da Khafji, aka kakkaɓo shi, mutum 14 da ke ciki suka mutu.

Bidiyonsa da kake gani a waya yana kama da gem, na sani. Amma irin jirgin ne ya yi luguden wuta kan asibitin ƙungiyar likitoci ta MSF a Kunduz ta Afganistan ranar 3 ga Oktoban 2015. Mutum 42 suka rasu, har da marasa lafiya a kan gadajensu.