Idan Kotu Ta Kama Kayan Wanda Bai Ci Bashi Ba

Bashi hanji ne, in ji Hausawa, yana cikin kowa. Amma ranar da ma'aikatan kotu suka yi sallama a ƙofar gida da takardar kamun kaya, ba wanda ya ci bashin kaɗai ne ke shiga tasku ba. Sau da yawa akan haɗa da keken ɗinkin matar gida, ko injin niƙan da maƙwabci ya ba da ajiya, ko shanun da wani ya ba da kiwo, a loda su a mota, alhali masu su ba su san hawa ba, ba su san sauka ba.

Ƙa'idar shari'a a nan a fili take. Hukuncin kotu yana hawa kan dukiyar wanda aka kayar ne kurum, ba ya taɓa ta matarsa, ko ta ɗan'uwansa, ko ta abokin cinikinsa. Sai dai ma'aikacin kotu ba shi da ilmin gaibu, abin da ya tarar a hannun mutum shi zai ɗauka a matsayin nasa. Saboda haka ne dokar zartar da hukunce-hukuncen kotu, wadda aka kafa tun 1945 kuma take cikin kundin dokokin Tarayya na 2004, ta buɗe wa mai kaya ƙofa a sashe na 34.

Ga yadda abin yake. Mai kaya zai rubuta wa jami'in da ke kula da zartar da hukunci, watau sharif, wanda a jihohi yawanci Babban Magatakardan Babbar Kotu ne ke riƙe da wannan muƙami, ya bayyana kayan da yake da'awa da dalilinsa. Za a sanar da mai bin bashi. In ya amince kayan ba na wanda yake bi ba ne, sai a sake su, magana ta ƙare. In kuwa ya musa, sai a fitar da sammaci a kira shi tare da mai da'awar gaban alƙali. Shi sharif ba ya goyon bayan kowa, nasa dai ya ji wanda kotu ta ce a miƙa wa kayan.

A wannan zama ba a sake tono maganar bashin. Tambaya ɗaya ce tak: kayan nan na wane ne ranar da aka kama su? Nauyin kawo hujja kuwa yana wuyan mai da'awa, kamar yadda Kotun Ƙoli ta nanata a shari'ar Kala da Potiskum a 1998. Amma in a hannun mai da'awar aka tarar da kayan, to, mai bin bashi ne zai nuna cewa na wanda yake bi ne. Wannan ba baƙon abu ba ne ga masu shari'ar Musulunci, domin malaman Malikiyya sun yi bayaninsa a babin istihƙaƙi, inda mai cewa abu nasa ne yake kawo shaidu.

Wurin hujjar nan ne mutane da yawa suke faɗuwa. Mace ta san sarai iyayenta ne suka yi mata kayan ɗaki, kuma addini da doka duka sun tabbatar mata da mallakarsu, amma ba rasit, ba wanda ya rubuta. Mai mota ya saya ya biya, bai canja suna a takardun motar ba. A ɗaya gefen kuma, alƙalai sun saba ganin wanda bashi ya ci yana haɗa baki da dangi, a wayi gari komai na gidan ya zama na ƙanensa. Shi ya sa ba sa karɓar fatar baki kawai.

Abu na biyu shi ne lokaci. Doka ta hana a yi gwanjon kayan da aka kama sai bayan kwana 5, in ba masu saurin lalacewa ba ne. Mai da'awa yana iya ajiye kuɗin da ya kai darajar kayan, ko kuɗin tsaronsu, ko ya kawo jingina, don a dakata. In bai yi ba, ana iya sayarwa a ajiye kuɗin a kotu har a yanke hukunci. Kowa kuwa ya san kuɗin gwanjo ba ya sayen madadin abin da aka rasa.

Har ila yau, tare ƙofa ko kokawa da ma'aikatan kotu laifi ne mai zaman kansa, ko da kayan na mai kokawar ne. Hanyar da za ta fisshe shi ita ce ya rubuta da'awarsa ran nan, ya nemi lauya in da hali.

Rigakafi dai ya fi magani. Wanda zai ba da ajiya, ko haya, ko kiwo, ya rubuta a gaban shaidu, da kwanan wata. Iyayen amarya su adana rasit na kayan ɗaki da sunanta. Takardar da aka raina yau, ita ce za ta tsaya wa mai ita ranar da motar kotu ta tsaya a ƙofar gida.