Haki Babu Gudu: Abin da Yawan Numfashi Ke Yi wa Jiki

Mutum yana zaune, bai yi gudu ba, bai ɗauki kaya ba, sai ƙirjinsa ya kama hawa da sauka. Yana ta cewa iska ba ta isarsa, a buɗe taga, a yi masa fifita. Jim kaɗan jiri ya ɗebe shi, leɓɓansa su mutu, ya ji ana tsira masa allurai a tafin hannu, yatsu su ƙandare su lanƙwashe. Wani har ya sume. Amma da za a saka masa na'urar nan da ake maƙala wa yatsa a asibiti, sau da yawa za a tarar oksijin ɗin jininsa ya kai kashi 98 ko 99 cikin ɗari. Iskar da yake roƙo ta riga ta cika masa jini. Wadda ya rasa wata ce daban, ita ce kabon dayoksaid, wadda aka koya mana a firamare cewa shara ce da huhu ke fitarwa.

Wannan darasi na firamare rabin gaskiya ne. Tun a 1905 masana biyu a Ingila, John Scott Haldane da John Gillies Priestley, suka nuna cewa yawan iskar kabon a jini shi ne linzamin numfashi. Akwai wani sashe a gindin ƙwaƙwalwa da ba ya barci, aikinsa lura da ita: in ta ƙaru ya sa a ja numfashi da ƙarfi, in ta ragu ya sassauta. Baligi mai lafiya yana numfashi sau 12 zuwa 20 a minti ɗaya, kuma da haka kabon ɗin jininsa ke tsayawa tsakanin milimita 35 da 45 a ma'aunin zaiba. Duk wanda ya yi numfashi fiye da buƙatar jikinsa, da sauri ne ko da zurfi, yana zubar da kabon fiye da yadda jiki ke samar da ita.

Iskar kabon in ta narke a jini tana ba shi ɗan tsami, jiki kuma yana tsare wannan tsami da kishi, tsakanin 7.35 da 7.45 a ma'aunin pH. Idan kabon ta zube, sai tsamin ya karye, kamar yadda kanwa ke kashe tsamin yakuwa a tukunya. Daga nan komai ke biyowa.

Ƙwaƙwalwa ce ke fara ɗanɗanawa. Hanyoyin jinin da ke shayar da ita suna tsukewa da zarar kabon ta ragu, jinin da ke isa gare ta ya ja baya, sai jiri, duhun gani da ruɗewa. Ga kuma ƙari a kai: a 1904 wani masani ɗan ƙasar Denmak, Christian Bohr, mahaifin Niels Bohr na kimiyyar ƙwayar zarra, ya gano cewa himogulobin, sinadarin da ke dakon oksijin cikin jajayen ƙwayoyin jini, yana ƙanƙame kayansa idan kabon ta yi ƙaranci. Wato jini cike yake da oksijin, amma yana rowar sakinsa ga naman jiki. Ƙandarewar yatsu kuwa aikin kalsiyam ne. In tsamin jini ya karye, wani kaso na kalsiyam ɗin da ke yawo a sake sai ya manne wa furotin ɗin jini, jijiyoyi su zama masu saurin zabura, tsoka ta riƙe ba da umarnin mai ita ba. Wanda ya ga hannunsa ya shanye a gabansa, ƙirji na masa zafi, me zai zata in ba mutuwa ba? Tsoro ya ƙaru, numfashi ya ƙaru, kabon ta ƙara zubewa.

Likitoci sun daɗe da sanin wannan ciwo, ko da yake sun jima ba su gane tushensa ba. A 1871 Jacob Da Costa ya ba da rahoton sojojin yaƙin basasar Amurka masu bugun zuciya da haki da jiri alhali zuciyarsu lafiya lau. Sai a wajen 1937 William Kerr da abokan aikinsa suka danganta irin waɗannan alamomi da yawan numfashi da fargaba ke haddasawa. Yana kuma yaɗuwa cikin taro. A watan Oktoban 1965, a wata makarantar 'yan mata a garin Blackburn na Ingila, ɗalibai suka yi ta faɗuwa ɗaya bayan ɗaya har aka kwashi 85 zuwa asibiti. Bincike bai samo guba ko ƙwayar cuta ba, yawan numfashi ne da firgici. Duk wanda ya san makarantun kwana na 'yan mata a ƙasar nan ya taɓa jin makamancin wannan labari, kuma a wurinmu iskokai ake fara ambata. Ba jayayya nake da imanin kowa ba. Roƙona shi ne yayin da ake tofa addu'a, a rage cincirindo a kan yarinyar, a daina ihu da turnuƙe ta da hayaƙi, a kuma kira ma'aikacin lafiya ya duba ta.

Abin da ya fi damuna shi ne kishiyar wannan, wato a ga mai haki a yanke cewa tsoro ne kawai. Sau da yawa jiki da gangan yake hanzarta numfashi don ceton kansa. A 1874 likitan Jamus Adolf Kussmaul ya siffanta numfashi mai zurfi na masu ciwon sukari da suka kusa fita hayyacinsu: jininsu ya yi tsami fiye da kima, huhu na ƙoƙarin rage shi ta hanyar zubar da kabon. Haka yake ga yaro mai zazzaɓin cizon sauro mai tsanani. Binciken da Kevin Marsh da abokan aikinsa suka yi a Kilifi ta ƙasar Kenya, aka wallafa a 1995, ya nuna cewa wahalar numfashi tana cikin manyan alamomin da ke nuna ran yaro na cikin haɗari. Uwar da ta ga ɗanta mai zazzaɓi yana jan numfashi daga can ƙasan ciki kada ta jira gari ya waye. Asma, ciwon huhu, gudan jini da ya toshe hanyar huhu, ciwon zuciya, ƙwayar cuta da ta shiga jini, shan asfirin fiye da kima, duk suna zuwa da haki. Mai juna biyu ma numfashinta kan ɗan ƙaru saboda sinadarin furojestaron, wannan kam ba ciwo ba ne.

Shi ya sa likitoci suka juya wa tsohuwar dabarar numfashi cikin jakar takarda baya. Hikimarta ita ce mutum ya sake shaƙar kabon ɗin da ya fitar, amma oksijin ɗin cikin jakar raguwa yake yi. A 1989 likita Michael Callaham ya ba da rahoton mutum uku da suka mutu bayan an yi musu haka bisa kuskure, alhali ƙarancin oksijin ko ciwon zuciya ke damunsu. Leda kuwa ta fi muni nesa ba kusa ba.

Samari masu gasar nutso a rafi ko dam su ma su ji. Jan numfashi da sauri kafin a nutse ba ya ƙara oksijin na a zo a gani, kabon kawai yake zubarwa, ita ce kuwa mai tsikarar mutum ya taso. Sai oksijin ya ƙare babu gargaɗi, mutum ya sume a ƙarƙashin ruwa. Masu sikila ma su kiyaye, don tsukewar hanyoyin jinin ƙwaƙwalwa na iya jawo musu shanyewar ɓarin jiki. Ko a asibiti, inda ake sa mutum ya yi ta haki na kimanin minti uku yayin gwajin farfaɗiya, ba a yarda a sa mai sikila ya yi ba.

Idan an san mutum da wannan matsala, likita kuma ya riga ya tabbatar zuciya da huhunsa lafiya, taimakon ba shi da wuya. Mutum ɗaya mai sanyin murya ya zauna kusa da shi, ya sa shi ɗora hannu a ciki, ya shaƙa ta hanci a hankali, ya fitar ta baki a tsanake, fitarwar ta fi shaƙar tsawo. Galibi cikin minti ashirin zuwa talatin abin ya lafa. Amma in karon farko ne, ko akwai zazzaɓi, ciwon ƙirji, ciwon sukari, ko mai jego ce, ko ƙaramin yaro, asibiti za a nufa nan take.

Akwai kuma nau'in da ba ya zuwa da faɗuwa ko ihu. Mai shi yana yawan ajiyar zuciya da hamma, kullum a gajiye, ƙirji a ɗaure, yana yawo daga wannan asibiti zuwa wancan ana ce masa gwaji bai nuna komai ba. Irin wannan yana buƙatar a koya masa numfashi da ciki, a kuma zauna da shi a ji abin da ke cin ransa, ko bashi ne, ko zaman aure, ko wani tashin hankali da ya gani da idonsa bai taɓa faɗa wa kowa ba. Likitocin ƙwaƙwalwa da masu ba da shawara suna da hanyoyin magance fargaba, ta tattaunawa ko ta magani, kuma mutane da yawa suna samun sauƙi.