TSIBIRAN DAUSAYIN HAƊEJA DA TSUNTSAYENSU

Duk wanda ya taso a Kiyawa ko Dutse, in aka ambaci tsibiri, sai hankalinsa ya tafi bakin teku. Alhali kuwa akwai tsibirai a cikin Jihar Jigawa. Matafiyi in ya bar Kiyawa ya nausa arewa maso gabas, ya wuce Jahun da Kafin Hausa da Haɗeja, zai isa Baturiya a Ƙaramar Hukumar Kiri Kasamma, cikin dausayin nan na Haɗeja da Nguru.

Asalin waɗannan tsibirai tsofaffin tuddan yashi ne da iska ta jera tun zamanin da hamada ta mamaye yankin. Da Kogin Haɗeja da na Jama'are suka iso wannan shimfiɗaɗɗiyar ƙasa, sai tuddan suka rarraba su ƙorama-ƙorama, kafin su haɗe su zama Kogin Yobe mai zuba a Tafkin Cadi. A watannin Agusta da Satumba ruwa kan malale fadamu, ya bar tuddan tsaye da goruba da kanya da bagaruwa a kansu, har wasu ƙauyuka ba a shigarsu sai da kwalekwale. In ruwa ya janye, manomi ya girbe shinkafa, masunci ya kama tarwaɗa da karfasa, Bafulatani ya kawo shanu kiwo.

Abin da ya fi fito da sunan wurin shi ne tsuntsaye, domin an ƙidaya fiye da iri 300. Akwai na gida, watau dinya da kirinjijiya da zalɓe da belbela. Akwai kuma baƙi. Bahaushe ya san shamuwa da zuwan damina, to amma waɗannan baƙi da kaka suke sauka. Agwagin ruwa ne da wasu tsuntsaye masu dogayen ƙafafu, waɗanda ke ƙyanƙyasa a arewacin Turai da Rasha. In ƙanƙara ta rufe ƙasarsu sai su ƙetaro Bahar Rum da Sahara, su ci rani a nan, su koma wajen watan Maris ko Afrilu. Saboda haka ne a 2008 aka sa Baturiya cikin dausayoyin duniya da yarjejeniyar Ramsar ke kiyayewa.

Sai dai rayuwar wannan wuri duka ta rataya ne a kan ambaliya mai zuwa da tafiya. Tun da aka gina madatsar Tiga a 1974, da ta Challawa a 1992, ambaliyar damina ta ragu, ruwan da ake saki da rani kuma ya hana wasu magudanai bushewa. Wannan ya ba ciyawar kacala damar yaɗuwa. Ta toshe hanyoyin ruwa, ta cinye gonaki, ta kuma zama mafakar tsuntsun jan-baki mai ɓarnar hatsi.

A taƙaice dai, ruwan da ke kawo tsuntsun Turai shi ne ke ciyar da manomi da masunci da makiyayi. In aka gyara yadda ake sakinsa daga madatsu, aka yashe magudanai, kowa ya tsira. In kuwa aka yi sakaci, tsuntsu yana da fiffiken neman wani wuri, talaka ba shi da shi.