A'isha Humaira: Suna Biyu, Yarinya Ɗaya

Yau hirar tamu a kan suna ce, sunan da na tabbata ko ba ke ce mai shi ba, to akwai mai shi a ajinku, ko a layinku, ko ma a ɗakin da kike kwana. A'isha Humaira ke nan. Ki shiga kowace Islamiyya a Kano ko Zariya ko Katsina ki ɗaga murya ki ce "Humaira!" ki ga yawan hijaban da za su waiwayo. Amma ki tsayar da ɗaya daga cikinsu ki ce ta faɗa miki ma'anarsa, sai ki ga ta sunkuyar da kai tana wasa da yatsu, ƙarshenta ta ce, "Wallahi Anti sunan matar Annabi ne dai." To gaskiya ta faɗa, sai dai zancen ya fi haka tsawo, ya kuma fi haka daɗi.

Bari mu fara da na farkon, domin shi ne uwa. A'isha kalmar Larabci ce da ta fito daga tushen da ke nufin rayuwa, wato mai rai, wadda za ta rayu ta ji daɗin zamanta a duniya. Kin ga ke nan sunan kansa addu'a ce, musamman a zamanin da jarirai da yawa ba sa kaiwa yaye. Wadda ta ɗaukaka sunan kuwa ita ce Nana A'isha, Allah Ya ƙara mata yarda, 'yar Sayyidina Abubakar Siddiƙu da Ummu Rumana, matar Manzon Allah (S.A.W). Malaman hadisi sun ƙirga mata hadisi 2,210 da ta ruwaito. Manyan sahabbai maza, masu gemu da furfura, sukan zo ƙofar ɗakinta su yi tambaya a kan rabon gado, wanda ko a yau ɗaliban ilmi sun san ba ƙaramin fanni ba ne. Ɗan yayarta Urwatu ɗan Zubairu ya shaide ta da sanin fiƙihu da waƙoƙin Larabawa da magani. A ɗakinta Manzon Allah ya yi wafati, a nan aka binne shi, ita kuma ta rayu bayansa shekaru arba'in da wani abu tana karantarwa, har ta rasu a Madina cikin watan azumi a shekara ta 58 bayan Hijira, aka kai ta maƙabartar Baƙi'a. Ba ta haihu ba, amma ana yi mata alkunya da Ummu Abdullahi, saboda Abdullahi ɗan yayarta Asma'u.

Wannan ita ce A'isha. To Humaira fa?

Humaira laƙabi ne, ba sunan yanka ba. Balarabe yana ce wa jan abu "ahmar", in mace ce ya ce "hamra'u". Sannan suna da wata dabara a harshensu ta ƙaranta kalma don nuna so da lele, irin yadda Hasan ya zama Husaini, Umar ya zama Umairu. Da wannan dabarar ce hamra'u ta zama Humaira'u, wato 'yar ja. Kada ki zaci ja irin na tumatir ko jan-baki ake nufi. Larabawan dauri in suka ce wance ja ce, fara suke nufi, farin da jini ke gudu a ƙarƙashinsa, wanda in ta ji kunya ko ta yi dariya za a ga kumatun sun yi ja. Abin da ya ba ni sha'awa a nan shi ne mu ma haka muke faɗa. Bahaushe yakan ce "jar mace ce", ya ce "yaron nan ja-jawur da shi", kuma tun kaka da kakanni ake kiran yaro mai hasken fata Jatau. Ashe dai Humaira da Jatau 'yan gida ɗaya ne, ita ta zo da Larabci shi ya zo da Hausa!

Akwai wani abu da ya kamata ki sani kafin ki je ki yi musu da malamin Islamiyyarku. Ba duk labarin da aka jingina wa wannan laƙabi ne ya inganta ba. Akwai maganar nan da ta yaɗu a bakin mutane, mai cewa a karɓi rabin addini daga wurin Humaira. Manyan malaman hadisi sun bincika ba su samo mata asali ba. Malam Ibnul Ƙayyim ma tsanantawa ya yi, ya yi watsi da duk hadisin da kalmar ta fito a cikinsa. Amma Malam Ibnu Hajar, mai sharhin Bukhari, ya nuna akwai guda ɗaya da ya inganta a ruwayar Imamu Nasa'i. Labarin kuwa mai daɗi ne. Wasu mutanen Habasha ne suka shiga masallaci suna wasansu da masu, sai Manzon Allah ya kira matarsa da wannan laƙabi, ya tambaye ta ko tana son ta yi kallo. Ta ce tana so. Ya tsaya a bakin ƙofa, ta laɓe a bayansa tana leƙe ta saman kafaɗarsa, bai gusa ba har sai da ita da kanta ta gaji. To ki duba inda sunan ya fito: daga bakin miji mai tausasa wa matarsa, a cikin raha, a ranar farin ciki. Ni a ganina wannan labari kaɗai ya isa ya sa mai sunan ta riƙa jin daɗinsa.

Yanzu sai mu dawo gida. Me ya sa ake haɗa biyun? A ranar suna, wato kwana bakwai da haihuwa, in an raba goro da dabino liman ya yi addu'a an yanka rago, suna ɗaya ne a da ake shelantawa: an samu A'ishatu. Amma ki tambayi kakarki, sau nawa ta ji an kira wata A'ishatu da cikakken sunanta a tsakar gida? Da wuya. Mu mutane ne masu alkunya. Uwa ba ta kama sunan 'yar fari. Matar gida ba ta kama sunan uwar mijinta, ko da kuwa wata can daban ce mai sunan. To ga shi maigida ya yi wa mahaifiyarsa takwara, ya za a yi da bakin mai jego? Dole a nemo wani sunan da za a saya na ainihin a bayansa. Daga nan muka samu Ummi da Uwani da Mama da Iya da Hajiya. Sannan kowane babban suna yana da 'yan rakiyarsa da kowa ya sani: Fatima ta zama Binta, Hauwa'u ta zama Kulu ko Jidda, Khadija ta zama Dije, Maryam ta zama Mairo, Zainab ta zama Abu. A'isha kuwa ta zama Indo, ko A'i, ko Shatu. Ga kuma sunan rana a gefe, su Ladi da Talatu da Lami da Jummai da Asabe.

Da makarantun Islamiyya suka yawaita, iyaye mata suka fara karanta tarihin matan Annabi da 'ya'yansa da idonsu, sai 'yan rakiyar suka canja kaya. Inda a da za a ce Dije sai aka koma Kubra, inda za a ce Binta aka koma Zahra ko Batula, inda za a ce Indo aka koma Humaira ko Siddiƙa. Aikin dai ɗaya ne, wato a saya sunan surukuwa. Bambancin shi ne Indo ba ta cika shiga rajistar makaranta kusa da A'isha ba, a tsakar gida ta fi tsayawa. Ita kuwa Humaira ta fito zaure, ta hau katin gayyata, ta hau takardar haihuwa, har wani uban tun a wurin raɗin suna yake raɗa wa liman biyun a haɗe. Shi ya sa nake cewa sunan sabo ne kuma tsoho ne. Haɗa kalma biyu a kira mace da su ma ba yau aka fara ba a ƙasar nan, ga Nana Asma'u 'yar Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, wadda ta rayu daga 1793 zuwa 1864, ga su Ummu Kulsum da Ummul Khairi da muka taso muka tarar.

A nan zan ɗan ja kunnen wasunku. Na san akwai 'yan matan da in kaka ta kira su Indo a gaban ƙawaye sai su haɗe rai kamar an aiko musu da saƙon mutuwa, wai sunan 'yan ƙauye ne, sunan mai tallan fura. Haba 'yan mata! Tsohuwar nan ba raina ki ta yi ba, girmama mai sunan take yi da irin harshen da ta gada. Dalilin da ya hana ta cewa A'isha shi ne dai ya hana Mamanki, kowa da zamaninsa ne kawai.

Batun daɗin sunan kuwa ba sai an yi dogon bayani ba, ki furta shi a hankali ki ji. A'isha yana da nauyi da kwarjini, Humaira yana da taushi, yana narkewa a baki kamar alewar madara. Samari ma sun gane haka, shi ya sa in ana zaman lafiya wasiƙa ko saƙon waya da "Humairata" yake farawa, ranar da aka ɓata kuwa sai ki ji an ce, "A'isha, ina son magana da ke." Marubutan littattafan soyayya su ma suna da hannu wajen sa wa mutane son suna. Waɗanda suka karanta In Da So Da Ƙauna na Ado Ahmad Gidan Dabino, wanda ya fito a 1991, ba za su manta da Sumayya ba. Bayan littattafai sai finafinai suka karɓa, har ga shi a Kannywood akwai jarumar da duniya ta sani da A'isha Humaira.

Sai dai akwai inda abin yake ci mini tuwo a ƙwarya. Tunda an ji ma'anar sunan ta shafi hasken fata, sai ka ga yarinya baƙa kyakkyawa, mai sheƙi kamar an shafa mata man shanu, 'yan ajinsu sun sa ta a gaba da tsokana: "Wai ke ce Humaira? Ina jan yake?" Tun tana dariya har abin ya fara yi mata ciwo, ƙarshe ta tara kuɗin tara ta sayo man bilicin a ɓoye. Ƙanwata, da yawan mayukan nan akwai sinadarai masu haɗari a cikinsu, irin su makuri da haidirokwinon da sitiroyid. Suna sa fata ta yi siriri har jijiyoyi su fito kore shar, gwiwa da gaɓɓan yatsu su yi baƙi ƙirin, ciwo ya ƙi warkewa, makuri kuma har ƙoda yake taɓawa. Abin ya kai a shekarar 2023 hukumar NAFDAC ta ayyana shafe-shafen nan a matsayin matsalar lafiya ta gaggawa a Nijeriya. Babanki da ya zaɓa miki sunan ba launi ya duba ba, domin jariri ma duk ja ake haihuwarsa, sai daga baya ya rine. Mai sunan ya duba. In kuwa kama da ita kike nema, ga hadisi 2,210 can suna jiran ki, ko arba'in kika haddace kin kama hanya.

Saura magana ɗaya, ita ce ta rubutu, kuma kada ki ɗauke ta wasa. Da farko ki tsaya a kan Humaira. Wasu don gayu sukan rubuta Khumaira, alhali da an sa "kh" kalmar ta bar gidan ja ta koma wani tushe daban, wanda kalmomin giya da mayafi suka fito daga cikinsa. Umaira kuma suna ne mai zaman kansa, macen Umairu ce. Na biyu, suna mai kai biyu yana da saurin rikita takardu. A firamare an rubuta A'isha Abubakar, a sakandare ke da kanki kin ce a sa Humaira Abubakar don ya fi daɗi, wurin yin lambar ɗan ƙasa ta NIN kuma Yaya ya cike miki A'isha H. Abubakar. Ga mai duba takarda a ofis waɗannan 'yan mata uku ne, ba ɗaya ba. Tun daga 2021 hukumar JAMB ba ta yi wa ɗalibi rajista sai da lambar NIN, kuma sunan da ke jikin lambar shi take ɗauka. In ya saɓa da na sakamakon WAEC ko NECO, ranar tantancewa a jami'a za ki raina kanki: a tura ki kotu yin takardar rantsuwa, a tura ki buga sanarwa a jarida, ƙawayenki suna aji ke kina bin layi a rana. Don haka yau ɗin nan in kin koma gida, ki roƙi Baba ya buɗe jakar takardu, ki jera takardar haihuwa da ta firamare da katin makaranta a kan tabarma, ki bi su harafi bayan harafi. In akwatin cikewa uku ne, A'isha ta shiga na sunan farko, Humaira na tsakiya, sunan mahaifi a nasa gurbin, kuma kada ki yarda wani ya taƙaita miki shi zuwa "H" don yana sauri.

A fitowa ta gaba in Allah Ya kai mu za mu leƙa gidan su Fatima Zahra. Masu sunan sai ku tanadi kuɗin mujalla tun yanzu, ban da aro.