Ƙarin Girma da Canjin Wurin Aiki a Idon Shari'a

Daga cikin al'amuran da suka fi jawo husuma tsakanin ma'aikaci da gwamnatin da yake yi wa aiki, babu kamar ƙarin girma da canjin wurin aiki. Dalili kuwa shi ne, matakin da mutum yake kai shi yake yanke albashinsa, da darajarsa a ofis, har da fanshon da zai ci bayan ya ajiye aiki. Saboda haka wanda aka tsallake shi shekara guda, asarar takan bi shi har tsufa.

Tsarin matakan albashi daga na 01 zuwa na 17 ya samo asali ne daga rahoton Hukumar Udoji na shekarar 1974. Bisa ƙa'idojin aikin gwamnatin tarayya, ma'aikacin da ke mataki na 06 zuwa ƙasa sai ya shekara 2 kafin a duba shi, na 07 zuwa na 14 shekara 3, na 15 zuwa sama kuwa shekara 4. Amma cika wa'adi kawai ba ya wadatarwa. Sai akwai gurbi, sai rahoton aikinsa ya yi kyau, sai kuma ya ci jarrabawa ko ganawa inda aka shardanta. A nan ne da yawa suke kuskure, domin kotunan Nijeriya sun sha bayyana cewa ƙarin girma alfarma ce da ake samu ta cancanta, watau kotu ba za ta zauna a kujerar Hukumar Ɗaukar Ma'aikata ta zaɓi wanda ya fi dacewa ba.

To, ashe ke nan ma'aikaci ba shi da madafa? Yana da ita. Abin da kotu take dubawa shi ne hanyar da aka bi. A shekarar 1975, zamanin Janar Murtala Muhammad, an sallami ma'aikata fiye da 10,000, kuma mutane suka ɗauka cewa ma'aikaci yana zaune ne muddin gwamnati ta ga dama. Kotun Ƙoli ta kawar da wannan zato a shekarar 1981, a shari'ar Shitta-Bey da Hukumar Ɗaukar Ma'aikata ta Tarayya, inda ta yanke cewa ƙa'idojin aiki suna da ƙarfin doka, ita kanta hukumar tilas ta bi su, ta kuma umarta a mai da shi bakin aikinsa. Shari'ar Olaniyan da Jami'ar Legas ta 1985 ta ƙara tabbatar da haka ga duk aikin da doka ta kafa sharuɗɗansa. Ko da yake a kan sallama aka yi waɗannan shari'o'i, tushensu ya shafi ƙarin girma. Idan aka hana mutum matakinsa saboda wani laifi da ba a taɓa ba shi damar kare kansa a kai ba, an saɓa wa ƙa'ida, kotu kuwa tana iya rushe abin da aka yi.

Canjin wurin aiki haka yake. Wanda ya karɓi aikin tarayya ya amince a tura shi ko'ina cikin ƙasa, kuma ƙin zuwa laifi ne da kan iya kai shi ga kora. Sai dai idan canjin ya zo da rage matsayi ko albashi, ko kuwa aka nuna horo ne aka lulluɓe da sunan canji, to, akwai abin ƙara. Hikima ita ce ya tafi inda aka tura shi, sa'an nan ya rubuta takardar koke ta hannun shugabansa.

Wurin kai irin wannan ƙara shi ne Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, wadda aka kafa a 1976, gyaran tsarin mulki na 2010 kuma ya keɓe mata shari'o'in aiki. Amma jinkiri yana da haɗari, domin akwai dokar kare jami'an gwamnati mai iyakance shigar da ƙara cikin wata 3, hukunce-hukunce kuma sun sha bamban a kan ko ta shafi rigimar aiki. Ba a fafe gora ranar tafiya. Takardar ɗaukar aiki, da ta tabbatarwa, da ta ƙarin girman da ya gabata, da kofen kowane koke mai ɗauke da kwanan wata, su ne shaidun da alƙali zai saurara.