Magada na faɗa, ɗan haya na tsaka: wa zai ba kuɗin?

Tun da gwamnatin Kano ta sake kafa masarautar Ƙaraye a watan Yulin 2024, da ƙananan hukumomin Ƙaraye da Rogo a ƙarƙashinta, wasu ke ɗaukar cewa rigimar gona da ta gida ta zo ƙarshe tunda fada ta dawo kusa. Fada tana sulhu, sulhu kuma alheri ne, amma tun gyaran kotuna na 1967 aka karɓe shari'a daga hannun sarakuna. In ɓangare ɗaya ya ƙi sulhun, sai kotu. Wanda wannan ruɗani ya fi cutarwa kuwa shi ne mutumin da ba shi da ko taku ɗaya a gonar: ɗan haya.

A ce manomi ne a Unguwar Hajji ya daɗe yana hayar wata fadama. Mai gonar ya rasu, ba a raba gado ba. Da kaka babban ɗan ya zo karɓar kuɗi. Bayan kwana biyu sai ga ƙanin mamacin, ya zaro wani shafi da aka yago daga littafin makaranta, ya sha ninki har tawadar ta fara dishewa, da dangwalen shaidu biyu a ƙasa, ya ce yayansa ya jinginar masa da gonar. Ɗan ya ce, "Malam, in ka ba Baffa, bana ce nomanka na ƙarshe a nan." Baffan ma haka ya ce. Gaba kura, baya sayaki.

Doka ta yi wa irin wannan mutum tanadin ƙarar da lauyoyi ke kira intafilida. Ya je kotu ya rantse cewa ba shi da haƙƙi a cikin kuɗin, bai haɗa baki da kowa ba, kuma a shirye yake ya ajiye su inda kotu ta ce. Daga nan masu iƙirarin su kara da juna, shi ya koma gonarsa. Ingila ta yi dokar wannan a 1831, ƙa'idojin manyan kotunanmu kuma suka gaje ta. Sai dai akwai iyaka. Sashe na 170 na Dokar Shaida ta 2011 ya hana ɗan haya musanta cewa wanda ya ba shi haya yana da iko da wurin a lokacin da ya ba shi. Indiya ma ta rubuta ƙarara a dokarta ta 1908 cewa ɗan haya ba zai tilasta wa mai gida wannan ƙara da wani bare ba, sai da wanda iƙirarinsa ya biyo ta hannun mai gidan, kamar magaji ko mai saye. Ɗa da Baffan da muka ambata duk ta hannun mamacin suka biyo, don haka hanya a buɗe take.

Abin da ke ba ni takaici shi ne yadda muke sauraron wannan bayani kamar baƙon abu daga Landan. Ku ɗauko Tuhfa, littafin Ibn Asim, alƙalin Garnaɗa a ƙasar Andalus wanda ya rasu a 1426, littafin da alƙalanmu suka yi ƙarnoni suna hukunci da shi, kuma har yau ake karanta shi a zaurukan Kano. A cikinsa akwai fasali guda a kan tauƙifi, wato tsayar da dukiyar da ake jayayya a kanta bayan mai ƙara ya kawo hujjar da ta kai a saurare shi. Gida a rufe shi. Abin da ke kawo kuɗin shiga, irin gidan gashin burodi ko wurin niƙa, a bar shi yana aiki amma a tsare abin da yake samarwa. Rabon da ake gardama a kansa a ba da shi haya, a ajiye kuɗin har a yanke hukunci. Fiye da shekara 400 ke nan kafin majalisar Ingila ta zauna a kan tata dokar. Hanyoyin biyu ba ɗaya ba ne, domin a fiƙihu mai iƙirari ne kan nemi a tsayar da dukiyar, amma manufar ta haɗu: kada amfanin ya shige aljihun wanda ya fi ƙarfi kafin a san mai shi.

Rubutu ma ba yau muka fara ba. Rajistar majalisar shari'ar Sarkin Kano Abbas ta 1913 zuwa 1914, wadda Allan Christelow ya zaɓi wasu shari'o'inta ya fassara daga Larabci ya wallafa a 1994, tana ɗauke da ƙararrakin gona da gida, da sunan mai ƙara da abin da aka yanke. Mu jikokinsu kuwa, da waya a hannun kowa, muna karɓar hayar fadama da "Allah ya sa albarka" kaɗai, babu rasit, babu shaida sai dillalin da ya karɓi la'adarsa ya yi gaba. Wannan sakaci ne, kada mu sa masa sunan yarda da juna.

Ɗan haya kuma kada ya mayar da rigimar magada hanyar cin bulus. Riƙe kuɗin da sunan "ban san wa zan ba ba" yana iya zama hujjar korarsa, ba wa ɓangare ɗaya a ɓoye kuma yana iya sa ya biya sau biyu.

Kirana ga Hukumar Shari'a ta Jihar Kano: a samar da gajeren fom da Hausa a rajistar kotunan Ƙaraye da Rogo, da asusu sananne da ɗan haya zai zuba kuɗin a ba shi rasit nan take, ba sai ya yi kuɗin mota zuwa birni neman lauya ba. Dagatai da masu unguwanni kuma, ranar da magada biyu suka zo muku a kan haya ɗaya, kafin a fara jin ta bakin kowa, a ƙirga kuɗin gaban shaidu, a rubuta, a ajiye.