A Rubuta Sunan Mai Hannu

Duk wanda ya tashi a ƙasar Bagudo, daga Matsinkai zuwa Illo, Ka'oje, Lolo da Tsamiya, ya san jarka. Ita ake ɗaura wa babur hagu da dama a tsallaka da man fetur zuwa Jamhuriyar Benin, in ta fashe a yanka ta a zuba wa awaki ruwa. A birnin Porto-Novo kuwa, wani mai fasaha, Romuald Hazoumè, ya dubi jarkar nan sai ya ga fuskar mutum: murfinta baki, mariƙinta hanci. Da jarka 304 ya shimfiɗa siffar jirgin ruwan da ake dakon bayi, kuma gidan tarihi na British Museum da ke Landan ya mallaki aikin. Abin da muke takawa kullum a bakin iyaka, shi wani ya ɗauka ya ba duniya labarin wahalar talakan iyaka, da sunansa a jiki.

Maganar sunan nan ita ce ta sa na ɗauki alƙalami. Ka shiga ɗakin amaryar Fulani ka ga jeren ƙorai. Kowace ƙwarya an kankare ta, an bi ta da wuƙa mai zafi, layi na bin layi ba tare da ma'auni ba. Ka ɗaga faifan da ke rufe da nono: kaba ce aka tsaga, aka rina ja da baƙi, aka ɗinka ta tana zagayawa daga cibiya zuwa baki. Matar da ta yi shi ta san daga wa ta koyi zanen, ta san abin da ya bambanta nata da na maƙwabciyarta. Amma da zarar faifan ya bar hannunta ya shiga kasuwa, sai ya koma "kayan gargajiya" kawai. An sayi aikin, an bar sunan a gida.

Wannan ciwo ba namu ba ne mu kaɗai. 'Yan asalin nahiyar Amurka, waɗanda Turawa suka iske a can, sun daɗe suna ganin tufafinsu da kayan ibadarsu, har da ƙasusuwan kakanninsu, a cikin akwatunan gilashi, an rubuta sunan ƙabila kawai, kamar mutanen da suka ƙare. Ba su yi shiru ba. A 1990 Amurka ta yi dokar da ta wajabta mayar musu da ƙasusuwa da kayan alfarma. A Janairun 2024 aka ƙara ƙarfafa ta, ya zama sai an nemi yardar masu kaya kafin a baje su, har wani babban gidan tarihi a New York ya rufe zaure biyu. A 2024 ɗin dai, a babban bajekolin fasaha na birnin Venis a Italiya, Jeffrey Gibson ya zama ɗan asalin ƙasa na farko da ya wakilci Amurka shi kaɗai. Rumfar Burazil kuwa, 'yan asalin ƙasar su uku ne suka tsara ta, suka gabatar da Glicéria Tupinambá, matar da ta farfaɗo da saƙar alkyabbar gashin tsuntsu ta mutanenta. A shekarar ne ma Danmak ta mayar wa Burazil irin wannan alkyabba da ta shafe sama da shekara 300 a hannunta.

Abin lura shi ne, ba dawo da tsohon kaya kaɗai suka nema ba. Sun ce su za su zaɓi abin da za a nuna, su za su rubuta bayaninsa, kuma a ajiye aikin 'ya'yansu na yau kusa da na kakanni. Mai ɗaki shi ya san inda yake yoyo.

Maƙwabtanmu na Benin sun kama wannan hanya. A Nuwamban 2021 Faransa ta dawo musu da kayan sarauta 26 da sojojinta suka kwashe daga fadar Abome a 1892. Da aka baje su a fadar shugaban ƙasa da ke Kwatano a 2022, sai aka jera ayyukan masu fasaha 34 na wannan zamani tare da su, aka buɗe ƙofa kyauta. Yaro ya ga kujerar Sarki Gezo na Abome, ya juya ya ga aikin wanda ke raye, ya gane cewa igiyar ba ta tsinke ba.

Mu ma muna da tushe. Gidan Tarihi na Kanta da ke Argungu, tsohuwar fadar Sarkin Kabi, tun 1958 yake adana makamai, tambura da kayan kamun kifi. Hukumar UNESCO ta sa bikin kamun kifi na Argungu cikin gadon al'adun duniya a 2016. Kuma mun ga abin da suna ke yi: tukwane Ladi Kwali take ginawa kamar dubban mata, amma da aka riƙe sunanta, ga hotonta a bayan naira 20. A ƙasar da Dandawa, Kyangawa, Fulani, Busawa da Hausawa ke cin kasuwa ɗaya, Allah kaɗai ya san Ladi Kwali nawa ke zaune a bayan danga. Harshen Kyangawa ma yana ja da baya, kuma in harshe ya tafi, da sunayen zane da na kayan aiki yake tafiya.

Gyaran ba ya buƙatar kuɗi mai yawa. Matasa masu waya, ku je wurin inna ko baba, ku nemi izini, ku ɗauki hoton aikin tare da mai shi, ku rubuta suna, gari, shekara da sunan zanen cikin harshen mai aikin. Abin da aka ce ba a nunawa, ku bar shi a rufe. Iyayenmu sarakuna da malaman makaranta, ku ware ɗaki ɗaya ko rana ɗaya a shekara, masaƙa, maƙera, dukawa da magina su kawo aikinsu su yi bayani da bakinsu. Masu saye, ku tambayi wanda ya yi, ku biya kuɗin da ya dace da guminsa. In baƙon dillali ya zo neman tsohon takobi ko tambari, ku sani dokar 1979 da ta kafa hukumar kula da gidajen tarihi ta ƙasa ta hana fitar da kayan tarihi ba da izini ba. Kuɗin zai ƙare cikin mako guda, takobin ba zai dawo ba.

Wasu sai da suka yi shekara ɗaruruwa suna roƙon a dawo musu da nasu. Namu yana nan a rataye a ɗaki, kuma wadda ta yi shi tana zaune a tsakar gida. A je a tambaye ta tun tana iya amsawa.